Sharhi: Idan Kotu Ta Kama Tsohon Ma'aikaci Da Laifi, Wa Ke Da Ikon Taɓa Fanshonsa?



A watan Mayu na shekarar 2025 gwamnatin Indiya ta yi wa dokar fanshon ma'aikatan tarayya wani ɗan gyara wanda bai wuce layi kaɗan ba, amma sai da ya hana tsofaffin ma'aikata da dama barci. Gyaran ya shafi mutanen da suka fara aiki a gwamnati, daga baya aka mayar da su kamfanonin gwamnati dindindin, irin su kamfanin sadarwa na BSNL. A da, idan kamfanin ya kori mutum saboda wani laifi, haƙƙin da ya tara na shekarun da ya yi a gwamnati yana nan, ba a taɓa shi. Yanzu korar tana iya cinye duka, illa dai ma'aikatar da ke kula da kamfanin za ta sake duba hukuncin. Kafin ka ce kwabo, jita-jita ta bazu a WhatsApp cewa an soke wa duk 'yan fansho ƙarin kuɗin tsadar rayuwa, har sai da ofishin yaɗa labaran gwamnati ya fito ya ƙaryata.

Jita-jitar ƙarya ce, amma tsoron da ya yaɗa ta yana da tushe. Ɗan fansho a Indiya ya san cewa kuɗin da ke shiga asusunsa duk wata yana ɗaure da wata igiya, kuma bakin igiyar na hannun gwamnati. A kan wannan igiya muke son mu yi magana yau.

Dokar fanshon ma'aikatan tarayyar Indiya ta 1972, wadda aka sabunta a watan Disamba na 2021, ta ce duk fanshon da aka ba mutum, akwai sharaɗin da ke tattare da shi ko ba a rubuta ba: ya ci gaba da zama mai halin kirki. A tsohuwar dokar sashe na 8 ne, a sabuwar ya koma na 7, asalinsa kuwa tun dokokin aiki na zamanin Turawan mulkin mallaka. Idan kotu ta sami ɗan fansho da babban laifi, ko aka tabbatar ya yi mummunan rashin ɗa'a, hukumar da ta ɗauke shi aiki tana iya riƙe fanshon ko ta janye shi, duka ko wani ɓangare, na ɗan lokaci ko har abada. Sashen da ke biye kuma ya ba shugaban ƙasa irin wannan iko a kan laifin da mutum ya yi tun yana bakin aiki, ko da sai bayan ya yi ritaya abin ya fito. A can an sa wasu takunkumi: idan ba a fara binciken ma'aikata mutum yana aiki ba, ba za a tono abin da ya wuce shekara 4 ba, kuma sai an nemi shawarar hukumar ɗaukar ma'aikata ta tarayya.

Abubuwa biyu suka ja hankalinmu a nan. Dokar ba ta fayyace mene ne babban laifi ba. Ta dai ce fallasa sirrin gwamnati yana ciki, sauran kuma ta bar wa hukuma. Tsohon magatakarda da rigimar gona ta haɗa shi da ɗan uwansa har aka yi rauni, shekara goma bayan ya bar ofis, yana iya faɗawa ƙarƙashin wannan sashe daidai da wanda ya saci kuɗin asibiti. Na biyun ya fi ban mamaki. Idan wani ɓangare za a rage, doka ta ce kada abin da ya saura ya gaza mafi ƙarancin fansho, wato rupi 9,000 a wata. Idan kuwa duka aka janye, babu wannan kariya. Wato an tanadi tudun dafawa ga wanda aka yi wa aski, wanda aka yi wa ƙwal kwabo kuwa sai dai ya nemi dangi.

To amma Kotun Ƙolin Indiya ta daɗe tana kallon fansho da wani ido daban. A shekarar 1971, a shari'ar Deokinandan Prasad da jihar Bihar, alƙalai biyar suka yanke cewa fansho dukiyar ma'aikaci ce, gwamnati ba alfarma take masa ba da za ta bayar in ta ga dama ta hana in ta ga dama. A 1982, a shari'ar Nakara, kotun ta sake jaddada cewa sakamakon aikin da aka riga aka yi ne. Sai kuma a 2013, lokacin da jihar Jharkhand ta riƙe wani kaso na fanshon wani tsohon ma'aikacinta tare da kuɗin sallamarsa saboda ana tuhumarsa, kotun ta ce takardar umarni daga ofis ba doka ba ce, kuma sashe na 300A na tsarin mulki ya hana a raba mutum da dukiyarsa sai da izinin doka. Ka ga ke nan ana tafiya da ra'ayi biyu a ƙasa ɗaya. Alƙalai na cewa gumin mutum ne, littafin dokar aiki kuma har yau yana ɗaukar sa kamar tukuicin da sarki zai iya karɓe wa bafade in ya ɓata masa rai.

Mu ɗauki shari'ar da ta fi kowace gwada zuciyar mai son adalci. S.P.S. Rathore babban jami'in 'yan sanda ne a jihar Haryana, kuma shi ne shugaban ƙungiyar wasan tanis ta jihar. A watan Agusta na 1990 aka zarge shi da cin zarafin wata yarinya 'yar shekara 14 mai koyon wasan. Mahaifinta da iyayen ƙawarta suka kai ƙara. Abin da ya biyo baya sai dai a ce innalillahi: an kori yarinyar daga makaranta, an kama ɗan uwanta a kan tuhumar satar motoci wadda daga baya ta rushe, dangin kuma suka yi ta kokawa cewa da ƙarfin 'yan sanda ake musguna musu. A watan Disamba na 1993 yarinyar ta sha guba ta mutu. Shi kuwa jami'in sai ƙarin girma yake samu, har ya zama shugaban 'yan sandan jihar baki ɗaya, ya yi ritaya a 2002 da cikakken fanshonsa.

Sai a watan Disamba na 2009, bayan shekara 19, kotu ta same shi da laifi, ta ɗaure shi wata 6 da tarar rupi 1,000. Na'urorin ɗaukar hoto suka kama shi yana fitowa daga kotu yana murmushi, wannan murmushin ne ya tunzura ƙasar. A watan Mayu na 2010 aka ƙara hukuncin zuwa wata 18. An kuma ƙwace lambar yabon da aka taɓa ba shi, gwamnatin tarayya kuma ta tsayar da fanshonsa. Ya garzaya kotun ma'aikata da ke Chandigarh, ita kuwa ta ce a mayar masa. A 2016 Kotun Ƙoli ta tabbatar da laifinsa, amma ta ce zaman da ya riga ya yi a kurkuku ya isa.

Ba mu jin akwai mai karanta wannan labari da zai tausaya wa mutumin. Mu ma ra'ayinmu shi ne, wanda ya yi amfani da kaki da muƙami ya zalunci waɗanda aka ɗauke shi ya kare, bai cancanci al'umma ta ci gaba da biyan sa cikakken ladan wannan muƙami ba. Amma a duba yadda abin ya gudana. Hukumomin da suke da rahoton bincike tun 1990, wanda ya ba da shawarar a gurfanar da shi, su ne suka yi shiru suna ɗaga shi sama. Ranar da talabijin ta nuna murmushinsa, ranar aka tuna akwai sashen doka a kan halin kirki. Ikon da ke barci shekara 19 sannan ya farka saboda hayaniyar jama'a, ba za mu kira shi adalci ba ko da ya faɗa kan wanda ya cancanta. Da alƙalin da ya saurari shaidu ne doka ta ba ikon ya haɗa batun fansho cikin hukuncinsa, ya auna, ya rubuta dalili, da an huta da jeka-ka-dawo tsakanin ma'aikata da kotuna, dangin yarinyar kuma da sun san matsayarsu tun rana ɗaya.

Akwai kuma ɗaya gefen. H.C. Gupta shi ne babban sakataren ma'aikatar kwal daga 2006 zuwa 2008, lokacin da aka yi rabon wasu daga cikin filayen haƙar kwal 204 da Kotun Ƙoli ta soke a 2014. An same shi da laifi a 2017, shekaru bayan ya yi ritaya, aka kuma sake samun sa a wasu shari'o'in. Tun a 2016 ya shaida wa kotu cewa ba shi da kuɗin biyan lauya, gara a tsare shi ya fuskanci shari'ar daga kurkuku. Abokan aikinsa da yawa sun tsaya masa cewa mutum ne mai gaskiya. Wani sashe na dokar yaƙi da cin hanci ta wancan lokaci ba ya buƙatar a nuna jami'i ya ci ko sisi. Ya isa a ce ya sa wani ya amfana ba tare da maslahar jama'a ba. A 2018 majalisa da kanta ta cire wannan sashe. Ba muna wanke shi ba ne, hukuncin kotu hukunci ne. Abin da muke nunawa shi ne, kalmar "an same shi da laifi" tana ɗauke da mutane iri-iri, daga azzalumi mai kaki zuwa wanda ya sa hannu a takardar da bai kamata ba, kuma dokar da ta ce a janye fansho da zarar an ji wannan kalma ba ta bambance su.

Inda abin ya fi damun mu shi ne yadda ake ƙara wa igiyar tsawo. A ƙarshen watan Mayu na 2021 aka gyara wannan sashe na halin kirki, aka ce duk wanda ya yi ritaya daga hukumomin leƙen asiri da na tsaro, ba zai wallafa komai da ya shafi fagen aikin hukumarsa ba sai da izinin shugabanta, in ya saɓa kuwa fanshonsa na cikin haɗari. Tsofaffin manyan ma'aikata sama da ɗari suka rubuta wasiƙar ƙin amincewa, suna cewa hanya ce ta rufe bakin masu sukar gwamnati. A watan Yuli na 2023 kuma aka ba gwamnatin tarayya ikon ta ɗauki mataki a kan fanshon tsofaffin manyan jami'an mulki da na 'yan sanda da na gandun daji da kanta, ba sai jihar da suka yi wa aiki ta kai ƙorafi ba. A nan an riga an bar maganar kotu a baya. Babu alƙali, babu shaidu; hukuma ce za ta ce ka yi rashin ɗa'a, ta ba ka 'yan kwanaki ka kare kanka, sannan ita ɗin dai ta yanke. Dattijon da ya san sirrin yadda aka yi wata ɓarna, yana da magani da zai saya duk wata da jikoki a gabansa, zai yi tunani sau nawa kafin ya buɗe baki?

Wannan fargaba ba sabuwa ba ce ga wanda ya leƙa littattafan fiƙihu. Malamai sun yi saɓani a kan ladabtar da mai laifi ta hanyar karɓe masa dukiya. Abin da ya shahara a mazhabobi huɗu shi ne hani, kuma daga cikin dalilan da malaman Hanafiyya suka kawo akwai tsoron kada a buɗe wa azzaluman masu mulki ƙofar cin dukiyar mutane da sunan horo. An ruwaito halascinsa daga Abu Yusuf, Ibnu Taimiyya da ɗalibinsa Ibnul Ƙayyim sun ƙarfafa shi, Ibnu Farhun na Malikiyya ma ya kawo wuraren da aka yi aiki da shi. Masu halattawa sukan kafa hujja da Sayyidina Umar, Allah Ya ƙara masa yarda, wanda ya raba dukiyar wasu gwamnoninsa biyu ya mayar da rabi baitulmali. Sai dai a lura, abin da ya bi shi ne dukiyar da ta ƙaru a hannunsu lokacin da suke riƙe da amanar jama'a. Ko wanne ɓangare mutum ya bi, zai ga malaman sun tsaya a kan tambayoyi biyun da muke yi: wace dukiya ce za a taɓa, kuma hannun wa za a ba wuƙar. Sannan ƙa'idar cewa ba a ɗora wa wani laifin wani ba ta da saɓani. Matar da ta yi shekara 35 tana haƙuri da albashin miji, ba ita ta karɓi rashawa ba.

Indiya ba ita kaɗai ke fama da wannan tambaya ba, kuma Kotun Turai ta kare haƙƙin ɗan Adam ta yi ƙoƙarin sa mata ma'auni. A 2005 ta ƙi karɓar ƙarar wani ɗan sandan Birtaniya da aka ɗaure saboda laifukan fyaɗe da cin zarafin mata, wanda aka yanke wa kashi 65 cikin ɗari na fanshonsa. A Birtaniya nan ne iyakar abin da ake yankewa, domin ragowar ana ɗaukar sa a matsayin kuɗin da jami'in ya zuba daga albashinsa, kuma in ban da laifuka irin su cin amanar ƙasa, sai an nuna laifin yana da alaƙa da aikinsa. A 2009 kuwa, a shari'ar Apostolakis, kotun ta ce ƙasar Girka ta wuce gona da iri. Mutumin tsohon jami'in wani asusun inshora ne da aka ɗaure saboda takardun jabu, bayan ya fito kurkuku aka janye fanshonsa kaf har da kulawar lafiya, ba tare da wani ya zauna ya auna ba. A 2016 kuma ta goyi bayan ƙasar Saifurus a wata shari'a makamanciya, kuma daga cikin abin da ta duba akwai cewa matar mai laifin ta ci gaba da karɓar fansho kamar wadda mijinta ya rasu. Ma'aunin dai a fili yake: a rage, a auna da girman laifi, a bar wa iyali abin ci.

Masu cewa a ƙwace duka suna da hujjar da ba za a raina ba. Suna cewa babban ɓarawo ba ya tsoron wata shida a kurkuku, amma zai ji tsoron rasa abin da zai ci har mutuwa. Mu dai ba mu gamsu ba. Wanda ya saci biliyan ba da fansho zai rayu ba, ya riga ya gina gidajen haya. Wanda janye fansho ke kashewa shi ne ƙaramin ma'aikaci, masinja ko akawu ko kofur, wanda ba shi da wani abu bayan wannan kuɗi, kuma shi ne ba shi da lauyan da zai yi shekara goma yana ɗaukaka ƙara.

Hausawa na cewa in ka ga gemun ɗan uwanka ya kama wuta, shafa wa naka ruwa. Ƙasashenmu da Ingila ta mulka daga tukunya ɗaya suka ɗebo dokokin fanshonsu da Indiya. A Ghana har yau ana kiran tsohon tsarin da sunan Cap 30, wato dokar 1950. A ƙasashe da dama masu aiki da Faransanci kuma, dokar ma'aikata ta san kora iri biyu, wadda ake barin mutum da haƙƙin fanshonsa da wadda ake dakatar da shi. Tsarin mulkin Najeriya, a sashe na 173 da na 210, ya ce ba za a riƙe fanshon ma'aikaci ko a sauya shi ta yadda zai cutu ba, sai gwargwadon abin da wata doka ta yarda. Wannan "sai" ɗin ƙofa ce, kuma duk lokacin da wata babbar badaƙala ta fashe akan ji masu kiran a buɗe ta gaba ɗaya.

Sai dai yanayin ya sauya daga yadda Turawa suka bar shi. Ma'aikacin da Indiya ta ɗauka daga 1 ga Janairun 2004 yana zuba kashi 10 cikin ɗari na albashinsa a asusun ritayarsa. A Najeriya, bisa dokar 2014, ma'aikaci na zuba kashi 8, wanda ya ɗauke shi aiki kashi 10. A Ghana, bisa dokar 2008, ma'aikaci na ba da kashi 5.5, mai aiki kashi 13. Kuɗin da aka cira daga albashin mutum wata bayan wata ajiya ce, kuma ba mu ga ta inda gwamnati za ta kira ta kyauta ba, balle ta ce ta fasa. Ƙungiyoyin ƙwadago da na 'yan fansho ya kamata su karanta wannan sashe a dokokin ƙasashensu tun kafin rigima ta taso, su nemi a rubuta a fili cewa abin da ma'aikaci ya zuba ba ya taɓuwa, rabon iyali ba ya taɓuwa, sauran kuma alƙali ne kaɗai zai yanke, a kan laifin da ya shafi aiki.

Hanyar bin ɓarawo kuwa tana nan, ba ta buƙatar wannan igiya. A watan Nuwamba na 2021 Babbar Kotun Tarayya da ke Abuja ta ɗaure Abdulrasheed Maina, tsohon shugaban kwamitin gyaran fansho, shekara 8 a kan halatta kuɗin haram. Mai shari'a Okon Abang ya umarci a dawo da kimanin naira biliyan 2, ya kuma ambaci gidajen da za a ƙwace a sayar. A gaban jama'a aka karanta hukuncin, aka faɗi adadin kuɗin, kuɗin kuwa na tsofaffin ma'aikata ne da wasunsu suka mutu suna jiran haƙƙinsu.